Firam ɗin ƙofa a ginin ƙasa: a sake na katako ko a koma na ƙarfe?

Manomin_Gaya:
Assalamu alaikum. Ina neman shawarar waɗanda suka san aikin katako da na gini a kan ƙofar ɗakin mahaifiyarmu da ke ƙauyenmu a yankin Gaya. Ginin na tubali ne, an yi masa shafen siminti daga waje, ƙofar kuma tana kallon gabas. Tun daminar bara ƙyauren ya fara jan ƙasa, sakata ta daina shiga raminta sai an ɗaga ƙyauren da hannu, yanzu kuwa idan aka danna gindin firam ɗin da ɗan yatsa sai ya lotsa, gari ya zubo. Kafintan garinmu ya ce a cire a sa sabon firam na katako, mai walda kuma ya ce duk kuɗin da aka kashe a katako an ciyar da gara ne kawai. Wanne ya fi dacewa da ginin ƙasa, kuma yaya ake cire tsohon ba tare da an illata bangon ba?

Kafinta_Wudil:
Wa alaikumus salam. Malam, kafin a kai ga zaɓi tsakanin ƙarfe da katako, ya kamata a gane abin da ya sa ƙyauren yake jan ƙasa, domin abubuwa uku ne suke kawo haka kuma maganinsu ba ɗaya ba ne. Wani lokaci hinjin sama ne ya saki, saboda shi ne yake ɗauke da jan nauyin ƙyaure, na ƙasa kuwa tokarewa kawai yake yi. Idan haka ne, za ka ga sukurun sama sun zazzago, kuma gyaransa bai wuce a cusa tsinken katako da gam a ramin, a bari ya bushe, a mayar da sukuru mai ɗan tsawo ba. Wani lokaci gindin firam ne ya ruɓe, sai ɓangaren da hinji yake ya zauna. Na uku, wanda ya fi muni, shi ne abin da ke saman ƙofar ya lanƙwaso ya danne kan firam ɗin. Tunda ka ce gari yana zuba, gara ta riga ta shiga, amma hakan bai nuna cewa saman yana lafiya ba. Ka ɗauki tef ka auna daga kusurwar sama ta dama zuwa kusurwar ƙasa ta hagu, sannan ka auna ɗaya gicciyen. Idan awon biyu bai zo daidai ba, firam ɗin ya karkace. Ka kuma ɗan fasa shafen da ke saman ƙofar ka gaya mana abin da ka tarar.

Mai_Walda_Ringim:
Ni dai ra'ayina ɗaya ne da na abokin sana'ata da ya ba ka shawara. Gara ba ta cin ƙarfe, ƙarfe ba ya kumbura da damina, ba ya kuma tsukewa da hunturu. A ƙauyukan da ke kewaye da mu, da wuya yanzu ka ga wanda ya yi sabon gini ya sa firam na katako a ƙofar da take fuskantar waje.

Birkila_Dawakin_Kudu:
Malam mai walda, gaskiya ne gara ba ta cin ƙarfe, amma ka tsallake abin da mai tambaya ya fara faɗa, wato ginin na tubali ne. Firam, ko na ƙarfe ko na katako, ba ya tsayawa da kansa, sai da abin da zai riƙe shi a bango. A ginin bulo ana fasa rami a cusa 'yan ƙarafan da aka liƙa a bayan firam, a cike da siminti, siminti ya kama bulo su zama abu guda. A ginin ƙasa kuwa siminti ba ya kama tubali. Zai bushe ya zama dunƙule a cikin ramin, kuma duk lokacin da aka bugo ƙofa sai dunƙulen ya ɗan motsa ya ci ƙasar da ke kewaye da shi, har wata rana ka ga firam ɗin yana rawa gaba ɗayansa tare da simintinsa. Ƙyauren ƙarfe mai nauyi ya fi saurin jawo wannan matsala. Abin da nake yi idan mai gida ya amince shi ne in faɗaɗa bakin ƙofar, in tayar da ginshiƙi na bulo mai inci 9 a kowane gefe tun daga tushe, in cike ramukan bulon da kankare, in zuba linta a kai, wato kankaren da ke gicciye a saman ƙofa, wadda za ta shiga bangon ƙasar ta kowane gefe, sannan a kafa firam a jikin bulon. Aikin ya fi tsada, amma daga nan duk irin ƙofar da aka ga dama ana iya ratayawa.

Maman_Hafsa_Kazaure:
Ina roƙon maza masu sana'a su tuna da wadda za ta zauna a ɗakin. Ɗakina ƙofar ƙarfe gare shi, kuma a watannin Maris da Afrilu, idan rana ta doke ta, ba a iya dafa ta da tafin hannu, zafin kuma yana shigowa ciki har bayan la'asar. Ga ƙara idan iska ta bugo ta cikin dare, ga kaifin gefenta da yake yanke yatsun yara. Tsohuwa mai yawan shiga da fita domin alwala za ta fi jin daɗin ƙyaure marar nauyi. Idan har za a sa ƙarfe, ina ganin a tsaya a firam kawai, ƙyauren ya zama na katako.

Dan_Katako_Naibawa:
Hajiya ta kawo magana mai kyau, kuma ana yin hakan sosai. Ni abin da zan ƙara shi ne, yawancin waɗanda suke zagin katako ba su san irin katakon da aka sa musu ba. A kasuwar 'yan katako ta Na'ibawa za ka samu obeche da afara da malaina da maɗaci da iroko, kuma farashinsu ya bambanta saboda ƙarfinsu ya bambanta. Obeche fari ne, marar nauyi, mai sauƙin aiki, ya dace da silin da kayan cikin ɗaki, amma idan aka kafa shi a ƙasa mai danshi an yi wa gara shimfiɗa. Afara ma ba ta jure ƙasa. Wanda yake son firam da zai daɗe sai ya nemi iroko ko jan katako mai nauyi irin maɗaci, ya kuma duba kada a ba shi wanda farin gefen itace ya yi yawa a jikinsa, domin wannan farin ɓangaren ko a itace mai ƙarfi shi ƙwari suke fara ci. Abu na biyu shi ne danshi. Katakon da ake kawowa daga kudu sau da yawa ɗanye yake isowa, kafinta kuma ya yanka ya haɗa a ranar da aka saya saboda mai aiki yana gaggawa. Ka sayi katakonka mai awon inci 2x6 ko 2x4 tun da wuri, ka jera a inuwa da 'yan sanduna a tsakaninsu domin iska ta ratsa, ka ɗora nauyi a kai, ka bar shi ya sha iskar hunturu. Wanda zai murɗe zai murɗe tun yana ƙasa, sai ka ware shi.

Sani_Mai_Shago:
Mu a garinmu baƙin mai muke shafawa, wato wanda aka juye daga inji, kuma muna ganin amfaninsa.

Malamin_Birnin_Kudu:
Malam Sani, baƙin mai yana hana ruwa shiga katako na ɗan lokaci, shi ya sa ake ganin kamar yana aiki, amma ba maganin gara ba ne na haƙiƙa. Ba ya ratsawa can ciki, fenti ba ya kama inda aka shafa shi, yana ɓata tufafin mai wucewa, kuma ba abu ne da ya dace a shafa a ƙofar ɗakin kwana ba, inda yara suke dafawa su kai hannu baki. Akwai magungunan katako da ake sayarwa domin wannan aiki, irin su Solignum, kuma inda ya fi buƙatarsu shi ne bakin yanka na gindin firam, domin ta nan katako yake zuƙar ruwa. A tsoma gindin a cikin maganin ya kwana ya fi a shafa da buroshi. Game da kumburin da mai walda ya ambata, katako yana kumbura ne ta faɗinsa, tsawonsa kuwa kusan ba ya canzawa. Wannan ne dalilin da ya sa ƙyauren da aka rataya da rani, aka matse shi ƙam a cikin firam, yake ƙin rufuwa a watan Agusta, wanda aka rataya da damina kuma yake barin kafa idan hunturu ya shigo. Kafintan da ya san aikinsa yana la'akari da watan da yake ciki kafin ya fere gefen ƙyaure.

Manomin_Gaya:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri. Na yi awon da Malam kafinta ya ce, kuma gicciye ɗaya ya fi ɗaya da kusan inci guda. Da na fasa shafen saman na tarar azara ce aka jera, guda biyu suna da ƙarfi, amma ta wajen ta yi laushi a ƙarshenta na hagu, akwai kuma hanyar gara ta jar ƙasa da ta hau ta bayan shafen simintin tun daga ƙasa. Faɗin ƙofar ƙafa 3 ne ba kaɗan, tsayinta kuma bai kai ƙafa 7 ba.

Kafinta_Wudil:
To, Malam, ka ga abin da ya sa na ce a duba sama. Da an cire firam ɗin nan kai tsaye, mai yiwuwa da shi ne yake tallafe da azarar da ta lalace, sai ƙasar da ke kanta ta biyo baya. A fara tokare saman da sanduna biyu masu ƙarfi da katako a gicciye, a sauke ƙyauren, sannan a yanka kowace ƙafar firam da zarto a tsakiya, a ɓanɓaro guntayen zuwa cikin ƙofar a hankali. Kada a sa ƙarfe a bayan firam a yi ta banƙara, domin bangon ƙasa ne zai ba da kai kafin katakon. Wajen kafa sabo, a buga katako a gicciye a gindinsa da wani a kusurwar sama domin kada ya buɗe ko ya tsuke, a tsayar da shi da 'yan guntayen katako da ake cusawa ta gefe, a fara daidaita ƙafar da za ta ɗauki hinji. Wanda ba shi da abin awo na ruwa ya ɗaura dutse a zare ya sake shi daga sama, zaren ba ya ƙarya. A duba ta fuska, a duba ta gefe, a sake auna gicciyen nan biyu, sai sun zo daidai a cike. A bar siminti ya yi kwanaki yana shan ruwa kafin a rataya ƙyaure. Hinji kuwa uku nake sa wa ƙofar waje, masu inci 4, na sama kamar inci 6 daga kai, na ƙasa kamar inci 9 daga gindi, na uku a tsakani. A sassaƙa masa gurbi ya zauna daidai da fuskar katako, a huda ƙaramin rami kafin a ɗaura sukuru. Abin da ya fi ɓata mini rai a aikin wasu yaranmu shi ne buga sukuru da hamma kamar ƙusa, wanda yake yayyaga cikin katakon, bayan 'yan watanni hinji ya fara lilo, a ce katako ne ba shi da kyau.

Baba_Na_Gumel:
'Ya'yana, ku bar ni in sa baki ko da yake ni ba mai sana'a ba ne. Ƙofar zauren gidan da na tashi a ciki ba ta da hinji ko ɗaya. Ƙyauren yana da ƙafa a gefe guda wadda take juyawa a cikin ramin wani dutse da aka binne a ƙasa, da kai wanda ya shige cikin rami a itacen sama, saboda haka nauyinsa duka a ƙasa yake sauka, bango ba ya ɗaukar komai. Itacen ƙirya ne, irin wanda ake sassaƙa turmi da taɓarya da shi, kuma har aka rushe zauren gara ba ta yi masa komai ba. Magabata sun san bangon ƙasa ba ya son a rataya masa nauyi, shi ya sa suka yi haka. Ban ce a koma wancan zamani ba, ƙiryar ma yanzu ta yi wuya a dajinmu saboda masu gawayi, amma ina mamakin yadda ba na ganin masu walda suna kwaikwayon wannan dabara a ginin ƙasa.

Mai_Walda_Ringim:
Baba, Allah ya ƙara girma, ai muna yin irinta a manyan ƙofofin shiga gida, inda ƙyauren yake juyawa a kan ƙarfen da aka dasa a kankare. A ƙofar ɗaki ne ba a saba ba, domin tana barin kafa ta gefe inda ƙura da sauro suke shiga. Ina kuma so in amsa wa birkila da Hajiya. Na yarda bango ne yake riƙe firam, amma firam ɗin ƙarfe da aka yi wa ƙafafu masu tsawo aka dasa su cikin kankare a ƙasa, aka kuma haɗa gindinsa da ƙarfe a gicciye, ba ya dogara da bango kamar na katako. Matsalar da ake samu daga wajen masu neman araha take, waɗanda ake lanƙwasa musu falle marar kauri wanda bai kai milimita 1 ba, a fesa fenti mai sheƙi a kai ba tare da jan fentin da ke hana tsatsa ba. A nemi mai kaurin milimita 1.2 ko sama da haka, a shafe shi da jan fenti ciki da waje, musamman bayan da zai shige bango, a kuma cike cikinsa da siminti domin kada ya lotsa ko ya riƙa amo. Shawarar Hajiya ta firam na ƙarfe da ƙyauren katako mai yiwuwa ce, sai dai a kawo ƙyauren ko awonsa tun kafin a liƙa hinji.

Dan_Hadejia:
Malam mai walda, ka zo yankinmu ka ga gindin firam ɗin ƙarfe bayan ruwa ya kwanta. A ambaliyar 2022, wadda ta shafi wurare da yawa a Jigawa, gidajen unguwarmu da suka tsira sun yi kwanaki da ruwa a tsakar gida, kuma daga baya ƙofofin ƙarfe da dama sun ruɓe daga ƙasa, tsatsa ta cinye kamar taƙi guda, saman kuwa yana nan da fentinsa. Haka ake gani a ƙofar banɗaki ko da babu ambaliya. Ƙasarmu ta fadama kuma tana kumbura da damina ta tsage da rani, sai ginin ya motsa, firam ya karkace ko da na mene ne. A ganina abin da ya fi muhimmanci shi ne a ɗaga gindin firam daga ƙasa a kan dokin ƙofa na kankare, ko ƙarfe ne ko katako.

Birkila_Dawakin_Kudu:
Wannan magana ta mutumin Hadejia ita ce ta dawo da mu kan ƙofar mai tambaya, wadda ya ce tana kallon gabas. A ƙasarmu hadari daga gabas yake tasowa, ruwan da iska take korowa kuma bangon gabas yake duka, shi ya sa magina na da suke ba wannan bango kulawa ta musamman wajen yaɓe. Ƙofar da ke wannan fuska tana shan ruwa kai tsaye, ruwan ya gangaro ta jikin firam ya taru a gindinsa, ya shige bayan shafen siminti inda ba ya bushewa da wuri, gara kuma danshi da duhu take nema. Idan ba a yi wa ƙofar 'yar rumfa ta kwano a sama ba, aka kuma gyara ƙasar gabanta ta gangara waje, sabon firam ɗin ma zai bi sawun tsohon. Game da dokin ƙofa, a yi shi amma kada ya yi tudu da yawa, tunda mai ɗakin tsohuwa ce kuma tana fita da asuba. Azarar da ta yi laushi a cire ta, a bi hanyar garar nan har inda ta fito a zuba magani.

Auwalu_Tela:
Tunda ana maganar ƙofa, ina da tambaya a kan abin kullewa. Kubar shagona ta lalace sau da yawa, hannun yana saki, harshen kuma yana maƙalewa. Shin kwado bai fi ba?

Kafinta_Wudil:
Malam Auwalu, sau da yawa kuba ba ta da laifi, ƙyauren ne ya ɗan sauka, sai harshenta ya daina haɗuwa da raminsa a jikin firam, mutane kuma su riƙa murɗa hannun da ƙarfi har ya lalace. Ka shafa alli a bakin harshen ka rufe ƙofar, inda allin ya taɓa zai nuna maka ko sama ramin yake ko ƙasa. Kada kuma a ɗura man gyaɗa ko baƙin mai a ramin makulli, domin ƙurar hunturu tana haɗuwa da shi ta zama laka, garin bakin fensir ya fi. Kuba ta cikin katako tana buƙatar ƙyaure mai kauri, idan siriri ne ramin da za a sassaƙa mata zai raunana shi. Kwado kuwa ƙarfinsa yana ga abin da aka rataya shi a kai. Idan sukurun maratayin suna waje inda kowa zai iya kwancewa, girman kwadon bai amfana komai ba, sai a sa dogon noti da zai ratsa katakon a ɗaure shi ta ciki.

Maman_Hafsa_Kazaure:
A ɗakin tsohuwa ina ba da shawarar a sa sakata marar tauri a daidai inda hannunta zai kai ba tare da ta sunkuya ko ta yi miƙa ba, kuma a yi dabarar da za a iya buɗewa daga waje idan rashin lafiya ya same ta cikin dare. Mun taɓa ɓalle ƙofa a gidanmu saboda wannan dalili.

Dan_Katako_Naibawa:
Wani ya tambaye ni a gefe game da ƙofofin da ake shigowa da su daga Chana da Turkiyya, masu zuwa da firam ɗinsu da kubarsu a haɗe. Suna da kyan gani, amma awonsu ƙayyadadde ne, yawanci faɗin ƙafa 3 ko 4 da tsayin kusan ƙafa 7, saboda haka ƙofar mai tambaya sai an fasa sama da gefe kafin su shiga, kuma masu arahar cikinsu fallen ƙarfensu siriri ne ƙwarai. A ginin tubali ban ga dalilin sayensu ba.

Malamin_Birnin_Kudu:
Akwai abin da ba a taɓo ba, wato lokacin yin aikin. Bangon ƙasa da ya sha ruwa ba shi da ƙarfin da za a fasa shi, saboda haka idan ƙofar za ta iya lallaɓawa, a tokare azarar yanzu, a jira kaka ta wuce bango ya bushe. Wannan zai kuma ba katakon da za a saya damar bushewa kamar yadda ɗan katako ya faɗa, idan katakon aka zaɓa.

Mai_Walda_Ringim:
Jiran ya dace, amma ina nan a kan bakana game da firam. Idan an tayar da ginshiƙan bulo kamar yadda birkila ya ce, an kuma yi rumfa da dokin ƙofa, to hujjar da ake kafawa da tsatsa ta faɗi, gara kuwa tana nan a cikin bangon ƙasar ko an zuba magani, domin maganin yana ƙarewa.

Kafinta_Wudil:
Idan an yi waɗannan abubuwa uku, Malam, hujjar da ake kafawa da gara ita ma ta yi rauni, tunda katakon ba zai taɓa ƙasa ko tubali ba. Kuma firam na katako idan ya samu matsala, kowane kafintan ƙauye zai gyara shi da zarto da hamma, na ƙarfe kuwa sai an ɗauko injin walda da janareta daga cikin gari. Malam na Gaya, ka tambayi birkilan da zai yi maka aikin ko kaurin bangon zai ba da damar tayar da bulo mai inci 9 a kowane gefe ba tare da an taɓa kusurwar ɗakin ba, domin idan ƙofar tana dab da kusurwa, sai an sake lissafi.